Ranar da Ginnamay Ta Zauna a Kan Takalman Baƙi

An haifi Ginnamay a gidan ƙarshe na ƙauyenmu, Nabyun, inda ruwa ke isa gona bayan kowa ya gama sha. Na girme ta da shekara biyu. Ni an tura ni sakandare a Banaue, ita kuwa ta tsaya a aji uku na firamare, domin uwarta ta mutu kuma ba mai dashen shinkafa a gidan. Gajera ce mai faɗin kafaɗa, yatsun ƙafarta a baje kamar na duk wanda ya girma yana tafiya a bakin katangar gona. Mutane ba su cika son ta ba. Ba ta iya doguwar gaisuwa ba, kuma in ta ga ƙarya takan kira ta da sunanta.

Ta auri Tayaban, mutumin kirki mai son giya. Ya tafi haƙar zinariya a Benguet, ya dawo da tari, ya yi shekara biyu yana yinsa, ya mutu. Ya bar mata 'ya'ya mata uku da gona hawa biyar a jikin dutse, biyu daga ciki katangarsu ta zube. Shinkafarmu sau ɗaya take nuna a shekara, hawa uku kuwa ba sa ciyar da baki huɗu. Rabin shekara dankali suke ci.

A wannan lokacin ne Turawa masu yawon ƙafa suka fara bi ta tudunmu da manyan jakunkuna a baya. Wata rana ruwa ya koro biyu ƙarƙashin gidanta, domin gidajenmu a kan ginshiƙai suke. Ta ba su shinkafa da ganyen gwaza, suka kwana a ƙasa. Da suka tafi sai ta sari gora ta ƙara ɗaki, ta haƙa masai, ta zo ta same ni.

"Malayyu, Turancin nan da kika ƙare kuɗin ubanki a kansa, yau ya sami aiki. Rubuta wa masu kawo baƙi a Banaue."

Na rubuta. Baƙi suka fara zuwa bibbiyu, uku-uku.

Gari bai ji daɗi ba. Aka yi taro a gaban gidan Apu Nalliw, tsohon da ke yanka kajin sadaka ya duba matsarmamarsu, wanda kuma shi ke da ta cewa a kan shuka da girbi. Wasu suka ce a hana. Apu ya ce a bar ta, amma da sharaɗi ɗaya: ranar tungo.

Tungo ba ya cikin kalanda. In damin ƙarshe ya shiga rumbu, sai Apu ya hau dutse da yamma ya yi shela cewa gobe hutu ne. Daga fitowar rana zuwa wata fitowar ba mai shiga gona, ba mai fita gari, ba baƙon da zai shigo. Ana ƙulla kan dogon kara a kafa a kowace hanya, shi muke kira pudung. In aka keta, duk abin da ya sami shinkafar baɗi, ɓera ne ko tsutsa, a wuyan wanda ya jawo yake.

"In ƙafar baƙonki ta wuce pudung sau ɗaya," in ji Apu, "za ki ba da alade, ki rufe ƙofar nan, kuma ba wanda zai sake buɗe irinta a Nabyun."

"Na ji," in ji Ginnamay.

Shekara uku ba a sami matsala ba. A ta huɗu wani mai kawo baƙi ya ce yana da mutum goma sha ɗaya, taron da ba ta taɓa samun irinsa ba. Ta sa na rubuta masa ashirin ga Yuli, domin bara an gama girbi tun goma ga wata. A nan ta yi kuskure, ni ma da na riƙe biro ban hana ta ba. Ruwa ya yi yawa a shekarar, gonar da ake fara yanka ta makara, kuma ba mai sa wuƙa a tasa kafin ita. Ranar sha tara ga wata da yamma muka ji muryar Apu daga kan dutse.

Baƙin sun riga sun yi kwana biyu a hanya. Suna ƙauyen bayan dutse, tafiyar awa shida daga nan, kuma da asuba za su taso. Ba waya a lokacin.

Wata maƙwabciya ta leƙo ta kan shinge. "To, mai otal, kin ji Apu? Fara yi wa aladenki bankwana."

Ginnamay ba ta ko dube ta ba. Ta nufi gidan tsohon, na bi ta.

"Apu, a ɗaga da kwana ɗaya."

"Ke ce za ki je ki gaya wa kakanninmu su jira Turawanki?"

"To, a ina za ka kafa pudung na hanyar sama?"

"Inda kakana ya kafa. Ƙasa da kogon da masu kaya ke hutawa."

"Kogon yana ciki ko yana waje?"

Ya dube ta sosai. "Waje."

"Shi ke nan. Sai jibi."

Daga gidanta zuwa kogon matakala ɗari bakwai ne da wani abu. Kafin duhu ta yi sawu huɗu: tabarmi da barguna, tukwane, shinkafar da ta surfa, kaji biyar a kwando suna ihu. Ni sawu ɗaya na yi da butar shayi, ina tsine mata a kowace kwana. A can muka kwana, domin in rana ta fito ba fita. Da sassafe aka zo aka kafa pudung a ƙasa da mu, muka zama 'yan waje.

Da rana tsaka suka iso, jajaye, laka har gwiwa. Mai jagorarsu Rodel ne, ɗan Banaue mai agogo da hular hana sallah. Ginnamay ta tarbe su da fara'ar da ban san tana da ita ba. Ta shimfiɗa tabarmi a bakin kogo, ta kawo ruwan ɗumi a tasa.

"Gaya musu su cire takalma in wanke," ta ce da ni.

Suka cire suna godiya. Ta kwashe su kaf, har da na Rodel, ta kai maɓuɓɓuga ta wanke, ta zuba a babban kwandon ɗaukar dankali. Sannan ta zuba abinci: jar shinkafa sabuwa, kaza, miyar dodon koɗi. Sai da suka ci suka ƙoshi ta ce, "Yanzu gaya musu."

Na miƙe na gaya musu cewa yau ba mai shiga Nabyun, a nan za su kwana, gobe da safe a sauka.

Rodel ya tashi kamar an ɗana masa wuta. "Inna, wace irin magana ce wannan? Mutanen nan gida aka yi musu alkawari, ba ramin jemage ba!"

"Ga gidan nan na kawo musu. Bango ne kawai ban iya ɗaukowa ba."

"Camfi ne wannan! Ni ma ɗan ƙasar nan ne."

"Ɗan ƙasar nan mai sayen shinkafa a kanti."

"In na gaya wa maigidana, ba zai sake aiko miki da ko kare ba."

"Maigidanka yana Banaue, yaro. Ni da waɗancan nake kwana." Ta nuna ƙasa da haɓa.

Muka duba. Ranar tungo ba wanda ke da aikin yi, don haka gari kaf ya fito daga ɗaka. A kan tsanin rumbuna, a kan duwatsun tsakar gida, kowa ya ɗaga kai yana kallon kogo. Daga can ana ganin duk wanda ya motsa a hanyar sama.

A cikin baƙin akwai wani dogon Bajamushe mai kyamara biyu a wuya. Ya ce shi ya tsallako teku ne don ya ɗauki hoton gonakin daga ƙasa da yamma, ba kuma wani ƙullin ciyawa da zai hana shi. Ya ce ba zai taɓa komai ba, ba zai yi wa kowa magana ba, zai sauka ya dawo. Ya nemi takalmansa.

Ginnamay ta riga ta ɗauki kwandon. Taku biyu sama da pudung hanya takan tsuke ta zama faɗin mutum ɗaya, dutse a dama, a hagu kuma katanga mai zurfin mutum uku zuwa gonar ƙasa. A nan ta dire kwandon, ta ɗora faifai a bakinsa, ta zauna a kai. Ta ciro moma, irin goron da muke taunawa, ta shafa farar ƙasa a ganye, ta fara tauna.

Dogon ya sauko da safa, yana ɗingishi a kan tsakuwa. Ya tsaya a kanta kamar doguwar bishiya.

"Malayyu, gaya masa in yana son wucewa sai ya ture ni. Nuna masa zurfin, ya san inda zan faɗa."

Na gaya masa, ban rage ko kalma ba. Ya yi ihu, ya ambaci 'yan sanda, ya ambaci ofishin jakadancinsu. Ta tofar da jan yawu a gefe.

"Me ya ce?"

"Ya ce zai kai ƙarar ki."

"Da wace ƙafar?"

Ya gwada raɓawa ta gefen dutse. Ta miƙa gajeriyar ƙafarta ta tokare. Ya tsaya yana huci, yana duban ta, yana duban ramin. Hannu ɗaya ya ishe shi ya kawar da ita, ita kuwa ba ta riƙe komai ba. Sai ya ɗaga kai ya hango abin da muka hango: mutum ɗari biyu shiru, idonsu a kansa. Ya juya ya hau, yana zagi da harshensu.

Ba ta tashi ba. Rodel ya sauko sau biyu, farko da barazana, na biyu da roƙo. Wajen la'asar aka sake ruwa kamar da bakin ƙwarya. Na kai mata rigar ruwa ta ganye, ta yafa, ta ci gaba da zama, ruwa yana bin matakala yana ratsa ƙafafunta. Na ce ta bar ni in karɓe ta na ɗan lokaci.

"Ke? Da ya yi miki Turanci mai daɗi sai ki matsa masa."

Ba zan ce baƙin sun ji daɗi duka ba. Biyu sun yi ta ƙorafin tabarma. Wata ta gwada moma ta yi amai. Amma da ruwa ya ɗauke, hazo ya yaye, sai suka jeru a bakin kogo suna kallon ƙasa. Gonaki tun daga rafi har gindin sama, ruwa yana zuba daga hawa zuwa hawa, ba mutum ko ɗaya a ciki. Dogon ma ya ɗauki hotunansa daga nan, fuska a murtuke. Ni na dafa na dare. Ita a kan kwandon ta ci nata, a kansa kuma gari ya waye mata.

Cire pudung aikin ɗan aike ne. Amma da rana ta fito sai muka hango Apu Nalliw da kansa, mai shekara tamanin da ɗoriya, yana hawa da sanda, yana hutawa bayan kowace matakala ashirin. Rabin gari na biye da shi. Ya iso, ya tsaya har numfashinsa ya dawo. Ya duba lakar da ke ƙasa da pudung, a hankali, kamar mai neman allura. Ba sawun kowa. Ya tumɓuke karan ya jefar. Sannan ya dubi Ginnamay, ƙafafu a kumbure, leɓe ya yi fari.

"Ke, mai taurin kai. Kin kwana a kansu kamar kaza. Sun ƙyanƙyashe?"

"Saura kwana ashirin, Apu."

Dariya ta tashi tun daga nan har ƙasan matakala, domin na gaba suna gaya wa na baya.

"Ba mutane takalmansu su sauko," in ji shi. "Akwai sabuwar giya a gidana."

Bai taɓa kiran baƙo gidansa ba. Ginnamay ta yunƙura ta tashi, ƙafa ta ƙi. Maƙwabciyar nan mai zancen alade ce ta kama ta ta ɗaga. Ginnamay ta raba takalman da hannunta, jiƙaƙƙu sharkaf, na Dogon ta ba shi a ƙarshe. Ita ta shige gaba, baƙi goma sha ɗaya a bayanta, takalmansu na fitar da ruwa a kowane taku, har tsakiyar Nabyun.

Maigidan Rodel ya cika alkawari, shekara biyu bai aiko da kowa ba. Wasu suka aiko. Ta ɗauko magina suka tayar da katangun nan biyu da suka zube, gonarta ta koma hawa biyar. Da Apu zai mutu ya ce ita za ta riƙa ƙulla pudung na hanyar sama, har yau kuwa ita ke yi, ko da yake yanzu sai ta huta sau goma kafin ta kai. Gidaje huɗu ke saukar baƙi a Nabyun, kuma ba mai sa rana a Yuli sai ya tambaye ta.

Shekararta saba'in da huɗu. Jiya mutum shida suka kwana a gidanta, gobe tana jiran tara.