Kujerar Yaya a Bayan Jakada

A gidanmu na Babura mu biyu ne maza. Ni na tsaya ina sana'ar hatsi, ina kula da Hajiya mahaifiyarmu. Yayana kuwa karatu ya yi mai zurfi, har aka kai shi ofishin jakadancin da ke wakiltar ƙasarmu a ƙungiyar ƙasashen yankin nan, wadda ke tsara maganar kasuwanci da zirga-zirga tsakanin maƙwabta. A unguwa babu mai faɗin wannan dogon bayani. Jakada kawai ake ce masa, alhali ba shi ne jakadan ba.

Ban san nauyin sunan ba sai shekarar da ƙungiyar ta ɓata da Nijar, aka rufe iyaka. Manyan motoci suka yi layi a bakin hanya, albasa tana ruɓewa a ciki, warinta har cikin gari. Direbobi da dillalan shanu suka mayar da rumfata wurin kai kuka. Kowa ya zo, bayan gaisuwa sai ya ce, "Don Allah ka kira mana Jakada." In na kira, amsarsa ɗaya ce: "Ana tattaunawa." Na faɗa musu haka har na fara jin kunyar kalmar.

Abin da ya fi ci mini rai maganar Inna ce, ƙanwar Hajiya. Tana aure a wani ƙauye a tsallaken iyaka, tana fama da ciwon sukari, kuma a asibitin Kazaure likita yake ganinta. A da, mota take shiga da safe, ta karya a gidanmu, in kai ta. Yanzu ga maganinta ya kusa ƙarewa, ga ƙafarta ta fara ruwa. Hajiya ta kira Yaya da kanta ta ce masa, "Ba don na isa ba, amma ka zo gida."

Ya zo ranar Juma'a. Bayan an sauko daga masallaci, zaure ya cika. Wani dattijo mai fataucin raguna ya gyara zama ya ce, "Ranka ya daɗe, kai da kake cikin masu zaman, yaushe za a buɗe?"

Yaya ya cire tabarau ya riƙe a hannu. Ya ce, "Baba, ina shiga ɗakin taron, gaskiya ne. Amma kujerata a bayan jakada take. In ya waiwayo, in miƙa masa abin da yake buƙata. Shi ma kuma ba ya magana sai da abin da aka aiko masa daga sama."

"To kun gaya musu halin da muke ciki?"

"Na rubuta. Har Babura na ambata."

"Suka ce me?"

"Suka ce an gani."

Dattijon ya yi masa addu'a ya tashi. Sauran suka bi shi ɗaya bayan ɗaya, ko shayin da aka dafa ba a taɓa ba.

Washegari na matsa masa muka je bakin iyaka. A raina na ce ko ba komai darajarsa za ta shigo mana da mace ɗaya mara lafiya. Ya nuna katin aikinsa, jami'in da ke wurin ya ƙame ya sara masa, ya sa aka kawo kujera da ruwan sanyi. Ya saurare mu da ladabi sosai. Da muka gama ya ce, "Yallaɓai, wallahi na tausaya. Amma umarnin daga wajenku ya fito. In na bar mota ta wuce, aikina ne zai tafi." Yaya bai yi musu ba, har godiya ya yi masa. Wannan godiyar ce ta ƙona ni.

A mota na kasa haƙuri. Na ce, "Yaya, to mene ne amfanin aikin nan naka?" Ban taɓa yi masa magana haka ba. Yana kallon hanya ya ce, "Akwai abubuwan da muka hana su lalacewa, amma ba za ka gan su daga nan ba." Na ce ni ƙafar Inna nake gani.

Ranar Lahadi ya koma. Ranar Litinin na hau babur na bi hanyar gonaki, cikin rairayi, na ɗauko Inna. Na ɗaura ta a bayana da mayafinta don kada ta zame. Sau da yawa muna tsayawa ta yi amai, ta ce in bar ta a gindin bishiya in tafi. Da muka iso Kazaure likita ya duba ƙafar ya yi ta faɗa, ya ce mun makara. An ceto ƙafar, amma sai da aka yanke mata yatsu biyu.

Ta zauna a ɗakin Hajiya watanni, mijinta da jikokinta suna can, sai dai a gaisa ta waya. Yaya ya riƙa aiko da magani, bai taɓa fashi ba, kuma Inna kullum cikin sa masa albarka take. Ni ne dai na kasa sakin jiki da shi. In ya kira, mu gaisa in miƙa wa Hajiya.

Ranar da aka buɗe iyaka, ƙarar motoci ce ta fara gaya mana. Can da yamma sai ga wayarsa, muryarsa a dishe, ya ce sun kwana biyu suna zama a kan maganar, yana so in ji daga bakinsa. Na ce mun gode, Allah ya saka. Na so in ƙara wani abu mai daɗi, ban samu ba.

Inna ta koma gida a gaban mota, da sanda a hannu. Ta roƙe ni in je wajen Yaya da Sallah, na ce mata to. Na je, matarsa ta yi mana tuwo, muka yi hirar farashin gero da ta yara. Maganar ofishinsa bai ɗauko ba, ni ma ban tambaya ba.