Kalma Biyu a Kasuwar Dutsin-Ma

Duk wanda ya taɓa neman ragon layya a Kurfi ya san gidan Malam Hudu, amma ba don Malam Hudu ba, don 'yarsa Batula. Tana 'yar shekara goma sha huɗu ta fara kiwo da tunkiya ɗaya da kakarta ta ba ta. Yanzu shekarunta ashirin da shida, ta gama kwaleji ta jefa takardar a ƙasan akwati, turkenta kuwa raguna tara ne, kowanne wuya kamar turmi. Ita ke jiƙa dusa, ita ke musu wanka, ita ke ciniki a zaure, kuma mahautan garin sun daɗe da sanin ba a yi mata wayo. Ga baki, ga dariya, magana ba ta kwana a cikinta.

To irin wannan yarinyar ce wani bawan Allah ya yi wa shiru har wata biyar.

Sunansa Zaharaddin, ɗan Karofi, mai sayar da wake a kasuwar Dutsin-Ma. Harawa ce ta haɗa su. Ta nemi mai kawo mata dami ashirin, aka ba ta lambarsa, daga "nawa ne dami" aka koma "kin ci abinci kuwa?" Duk Juma'a bayan la'asar sai ga shi a kan babur, ƙamshin turarensa ya riga shi shiga unguwa. Bayan wata takwas kawunnansa biyu suka zo da goro da alewa suka gaida Malam Hudu, aka ba shi izinin nema. Har maƙwabta sun sha alewar. Da babbar sallah ta wuce, Malam Hudu ya aika cewa a zo a sa rana, kuma daga nan Zaharaddin ya ɗauke ƙafa.

Ba faɗa suka yi ba, kuma wannan ne abin haushin. Ta kira, waya ta yi ta ƙara har ta gaji. Ta tura saƙo, alama ta nuna ya karanta, bai ce uffan ba. Da farko tsoro ta ji, ko hatsari ya yi a hanya. Sai ga hotonsa ya ɗora a sitatus ɗinsa na waya, yana tsaye a gaban buhuna yana murmushi, an rubuta Alhamdulillah a ƙasa. Ranar Batula ta yi kuka a bayan turke, ta bi hirarsu tun daga farko tana neman inda ta yi laifi, ba ta samu ba. Ƙawayenta suka ce ai haka samarin yanzu suke, kowacce da nata labarin, wata ma sai katin ɗaurin auren saurayinta ta gani a waya.

Ana haka sai ga Mahmuda, mai maganin dabbobi daga Barkiya, ya zo yi wa raguna allura. Zuwansa na uku ya ajiye jaka ya ce mata, ba kwana-kwana, aurenta yake so. Ita ma ta ji ya kwanta mata. Amma da maganar ta isa gaban Malam Hudu sai ya girgiza kai.

"Ba a nema kan nema. Na ba mutanen Karofi baki. Sai sun hwaɗi da bakinsu sun janye, sannan wani shi shigo."

An aika wa kawunnan, suka ce za su tuntuɓi yaron, su ma suka bi sahunsa suka yi gum. Malam Hudu kuwa ya ce uban ɗiya ba ya aike sau biyu. Shi kuma Mahmuda ya gaya mata gaskiya: mahaifiyarsa ta matsa, zai iya jira zuwa kaka, bayan nan ba shi da ta cewa. Gero kuwa ya riga ya fitar da kai.

Wata safiya Batula ta durƙusa gaban mahaifinta. "Baba, ko a kara, kasuwar dabbobi, in mutum ya taya rago ya tahi bai dawo ba, ai ana bin shi a ce za ka saya ko a ba wani. Ka bar ni in je in tambaye shi." Malam Hudu ya ja tasbaharsa, ya ce in dai da ƙanwarsa Gwaggo Fatu za ta, ta je.

Ranar kasuwa ta zo, Batula ta tashi kamar wadda za a kai Makka. Ta ɗaura sabuwar atamfa, ta yafa mayafi ruwan goro, ta sa kwalli. A mota sai zuba take, tana dariya ba dalili. Gwaggo Fatu, wadda ta aurar da 'ya'ya shida kuma ba ta tsoron kowa, ta ce, "Ke, biki za mu ko shari'a?" Batula ta ce duka biyun.

Layin 'yan wake a cike yake, ga masu awo, ga masu dako suna cewa a ba su hanya. Ta hango shi tun daga nesa, yana share mudu da tafin hannu. Shi ma ya hango ta. Wallahi mutumin nan, da gemunsa da agogonsa, sai ya sunkuya bayan buhuna wai yana neman igiya.

"Malam Zaharaddin, salamu alaikum!" ta ɗaga murya, har dattijon rumfar kusa ya waiwayo.

Ya miƙe, ya ga Gwaggo, ya zube yana gaisuwa. Daga nan ya shiga kame-kame: waya ta faɗa ruwa, kasuwa ta rikice, yana nan tafe dama ranar Juma'a.

"Ban zo hwaɗa ba," in ji Batula. "Kalma biyu na zo amsa. Ko ka ce ina nan, kawunnanka su zo jibi a sa rana, ko ka ce na janye."

Ya kalli ƙasa. Da ƙyar ya ce bai shirya aure ba, ɗakin ma bai rufa ba, kuma nauyin faɗa mata ya ji. "Na ɗauka in kin ji shiru za ki gane."

"In gane mi? Ni boka ce?"

Gwaggo ta tafa hannu. "Kunyar mara kunya asara ce, amma taka kunyar, yaro, wata biyar ta ci ma ɗiyarmu."

Batula ta riga ta danna lambar mahaifinta, ta buɗe muryar wayar yadda kowa zai ji, ta roƙi dattijon rumfar kusa ya matso ya zama shaida. Ta miƙa wayar. Zaharaddin ya karɓa da hannu biyu, gumi na bin wuyansa, ya gaida Malam Hudu har sau uku kafin maganar ta fito.

"Baba, a yi haƙuri. Na janye."

"To madalla," in ji muryar Malam Hudu. "Allah shi sa haka ta fi alheri. Ka ga ai ba ta kashe ka ba."

Batula ta zaci tsalle za ta yi. Amma da suka fito bakin titi hawaye ne suka fara zuwa, don ta so shi da gaske, kuma sai yanzu ta samu damar yin kukan rabuwa. Ba su daɗe ba dariya ta kore su. Ta kira Mahmuda ta ce ya shaida wa magabatansa hanya ta buɗe, ya yi ta kabbara a waya har Gwaggo ta ce a rage murya, a titi ake. Batula ta saya wa Gwaggo tsire, ta saya wa kanta rake, jikinta sakayau kamar an sauke mata dami.

Mota ta kama hanyar Kurfi, sai waya ta yi ƙara. Zaharaddin ne. Kiran ya tsinke, ya sake kira. Ga saƙo ya biyo baya: wai ko wani ne ya fito ake wannan gaggawa dominsa, wai su yi magana.

"Ƙyale shi," in ji Gwaggo tana tauna tsire. "Bar shi shi ɗanɗana."

Batula ta kalli sunan yana haske. Ta san daɗin da za ta ji in ta bar shi yana kira har gobe, kuma ta san abin da ke wancan gefen, don ta zauna a can wata biyar. A kira na uku ta ɗaga.

"Malam Zaharaddin, ina jin ka. Na yahe maka, aure zan yi, kar ka sake kira na. Ka ji daga bakina, ba sai ka yi ta jira ba."