Ɗigo Uku a Bakin Riga

Ɗana na fari mai zanen littafin komik ne, irin wanda maganar mutane ke fitowa cikin 'yan da'irori a saman kawunansu. Ba na faɗin sunansa, haka aka rene ni, kuma ba a takarda zan fara ba. Ya daɗe yana sana'ar a ɗakin sama na gidanmu a Moss Side, cikin Manchester. Da can council, wato ƙaramar hukuma, ke ba shi aiki, yana zana littattafan yara da ake rabawa a laburare. A laburaren nan na koyi karatu ina da furfura. Da gwamnati ta tsuke bakin aljihu, aka rufe ajinmu, aka tsayar da aikinsa. Littafi ɗaya ya rage masa, na wata Baturiya mai ɗan kamfanin buga littattafai a Birmingham.

A lokacin ne hannunsa na dama ya fara rawa. Wajen shan shayi na gane, ya koma riƙe kofi da hannu biyu. GP, likitan unguwarmu, ya tura shi asibiti, asibiti suka ce ya jira layi. Fensir bai dame shi ba, in ya kauce sai ya goge. Tawada ce ba ta goguwa. Wata safiya na tarar da shafi huɗu a kwandon shara.

Na ce ya miƙo burushin. Ya ce, "Hajiya, wannan fa ba lalle ba ne."

Na ce masa shekara ashirin na yi ina yi wa amare zane a Zariya, a kan fatar da ke motsi, ga ƙawaye suna bangaje ni. Takardarsa ko numfashi ba ta yi.

Da fari inda ya sa alama kawai nake cikewa da baƙi, gashi da inuwa. Daga baya na koma bin layin fensirinsa duka. Sharaɗinsa ɗaya, kada kowa ya ji. Ya ce in matar nan ta san hannunsa ya samu matsala, za ta ba wani littafin, shi ke nan an gama da shi.

Mun aika shafi goma sha takwas, sai ta bugo waya. Tana son ganinsa, ya zo da ainihin takardun. Ranar bai ci tuwo ba. Na ce da ni za a je. Ya yi ta musu har ya gaji, a jirgin ƙasa kuma sau uku yana ce mini in zauna, in sha shayina, kada in ce uffan.

Ofishinta ɗaki ɗaya ne a saman shago, a unguwar Edgbaston. Da kwat ɗinta take zaune, ba ta kunna hitar ɗumama ɗaki ba. Ta jera shafi biyu a tebur, tsohon aikinsa da sabo. Ta ɗora yatsa a bakin rigar wata mata da ke cikin sabon zanen. Ɗigo uku ne a jere, layin ya lanƙwasa ya koma ciki. Ta buɗe wani shafin, ga su nan a labule. Wani, a gefen kujera. Nan take na gane su. Haka muke rufe zane a wuyan hannun amarya. Wallahi ban san ina yi ba.

Turancina ba yawa, amma na gane tambayar. Wa ya ba aikin? Don a takardar da suka sa hannu, shi kaɗai zai yi. Ya ce salo ya canza. Ta ce to madalla, tana son salon a bangon littafi, ya nuna mata yadda yake yi. Ta tura masa farar takarda da alƙalami.

Ya ɗauka. Bakin alƙalamin ya dinga bugun takarda kamar kaza na tsince gero. Tawada ta ɗiga. Ya dafe hannun da na hagu, bai tsaya ba. Matar ba ta ɗauke ido ba, shi kuma gumi har cikin gemu.

Na zare alƙalamin daga hannunsa. Na ja bakin riga, na sa ɗigo uku, na ajiye. Na ce masa da Hausa, "Gaya mata hannunka ne ba lafiya, idonka ƙalau. Duk fuskar da ke nan kai ka yi ta, ni sawunka nake bi. In ba ka faɗa ba, zan faɗa da Turancina, ka san kuwa ba zai yi daɗi ba."

Ya daɗe yana kallon tebur kafin ya faɗa. Ta sake duba shafukan ɗaya bayan ɗaya. Ta ce ƙaryar ce ta ɓata mata rai, ba hannun ba. Ba za ta karɓe littafin daga hannunsa ba, amma suna biyu za a rubuta a bango, kuma ba ta yi alkawarin na gaba ba. Ta tambaye ni ko idona zai kai shafi arba'in. Na ce da tabarau zai kai.

A hanyar komawa bai yi mini magana ba. Na san na tona shi gaban baƙuwa, ban kuma ba shi haƙuri ba. Sai da muka kusa Manchester, yana kallon taga, ya ce ɗigon sun yi yawa a shafi na sha biyu, in rage. Na ce mai littafi ta ce tana so.

Ya ce, "To a labule ban yarda ba. Gobe bayan karin kumallo, sai shafi na sha tara."