Shekarun Ƙauyenmu a Bakin Kakata

Shekarun baya, ina farkon karatu a Bici, na ci karo da wani littafi a laburare kan yadda marubuta tarihi na farko suka tsara shekarun duniya. Sukan jera sarakunan wata ƙasa a gefe ɗaya, na wata a ɗaya gefen, har su gano wa ya yi zamani da wa. Abin ya shiga raina. Ni da ko tambaya a aji ba na iya yi, na ƙudurta zan yi wa ƙauyenmu irin wannan aiki.

A garinmu tsofaffi ba sa ƙirga shekara da lamba. Sai dai a ce shekarar fara, shekarar da gyaɗa ta lalace, shekarar da rijiyar masallaci ta rufta. Mutum ɗaya ta riƙe jerinsu daki-daki, ita ce kakata. Da hutu na same ta tana ɓarar gyaɗa, na faɗa mata.

Ta yi dariya ta ce, "Angona, kai da ba ka iya kallon budurwa a ido, shekaru za ka kamo?"

Na ce, "Inna, wacce ta riga wacce kawai nake so."

"To zauna ka taya ni ɓara. Ba a ba malalaci labari."

Ta fara jerowa. Matsalata ita ce yadda zan ɗaura su a kan kalanda. Can ta ce shekarar da rijiya ta rufta, da azumi a bakinsu suka yi girbin gero. Na kusa yin tsalle. Azumi yana matsowa baya kowace shekara, yana zagaya damina da rani, don haka idan na san lokacin da ya faɗo, zan iya lissafo shekarar. Na samu guda uku a haka kafin hutu ya ƙare. Muka yi da ita za mu ƙarasa idan na dawo.

Ina makaranta ciwon shanyewar ɓarin jiki ya same ta. Da na dawo tana magana, ta ma gane ni. Duk shekarun suna nan a bakinta, amma sun cakuɗe. Ta ce ai bayan an haife ni aka yi fara, alhali an yi ta tun kafin a haife ni da daɗewa. Ta tambaye ni ko kakana ya dawo daga gona, mutumin da ko mahaifina bai yi wayo ya gan shi ba.

Na sake tambaya a hankali. Mahaifiyata ta leƙo ta ce, "Don Allah ƙyale ta haka, kana wahalar da ita."

Na je wurin tsohon limaminmu. Ya ce, "Yaro, ai mu ma in mun yi gardama wurinta muke aikawa."

Ba ta ga wata damina ba.

Har yanzu ina karanta tarihi, amma daɗinsa ya ragu. Ina iya faɗa muku sarakunan ƙasashen da ban taɓa gani ba, wanne ya gaji wanne. Na garinmu kuwa labarai ne a warwatse, ba gaba ba baya, kuma babu wanda zan ƙara tambaya.

Kwanaki aka ba ƙanwata aikin gida, ta zo ta tambaye ni yaushe aka kafa ƙauyenmu, tunda ni ne mai karatun tarihi. Na ce mata, "Da daɗewa." Haka ta rubuta.