Ba Kai Ka Ɗaure Tayar Nan Ba

Na Allah ne mu, kuma wurinSa za mu koma. Ranar Talata, tara ga watan Maris, da hantsi, aka kira ni aka ce tayar gaba ta motarka ta fice a kan babban titi, motar ta ƙwace ta daki gindin gada, kafin a isa asibiti rai ya yi halinsa. Na ce wa mai kiran ya sake dubawa. In an ce taya ta fice daga motar kowa zan yarda, amma ban da taka, Mai-awo, aminina, bakaniken da na damƙa wa motata tun ina sabon direba.

Mu direbobi muka laƙaba maka sunan nan don tsokana, saboda sifanarka mai awo, doguwar nan da ake saita wa lamba, wadda in noti ya kai iya ƙarfin da ya dace sai ta yi ƙas. A sauran gareji, in za a ɗaure taya, bututun ƙarfe ake zura wa sifana, ƙato ya hau kai yana tsalle har noti ya yi kuka, mai mota ya tafi da murna an ɗaure masa tamau. Kai kuwa da yatsu kake fara murza kowane noti, ka bi su a gicciye, wannan sannan na daura da shi. Sai ka sauke motar daga jak, ka saita lambar da masu ƙera ta suka faɗa, ka ja a hankali. Sifanar tana yin ƙara ka tsaya. Mun sha ce maka kana ɓata mana lokaci, kai kuma ka ce ƙusar taya da aka matsa wa noti fiye da kima miƙewa take ta sirance, ba wanda ke gani, sai ranar da ta gaji ta tsinke.

Wata rana na baro garejinka da motar cike da kaya, har na yi nisa, sai ga ka a madubi a kan babur ɗin aro, sifana a kafaɗa, kana ɗaga min hannu kamar na sato maka wani abu. Kiran waya ne ya katse ka a tsakiyar aiki, ba ka da tabbas ko ka bi noti na ƙarshe. Ka durƙusa a bakin titi ka bi su duka. Ashe ka ɗaure shi. Na yi ta yi maka dariya, ka karkaɗe gwiwarka ka ce in gaida gida.

Akwai kuma wata malamar asibiti da tayarta ta yi faci a hanya, maza suka taru a kanta suka kasa kwance noti ko ɗaya saboda matsar da aka yi musu a wani wuri. Ka bar abincinka ka je. Daga ranar kake cewa ɗauri nagari shi ne wanda ba zai kwance da kansa ba, amma mace ita kaɗai za ta iya kwance shi da sifanar da ke cikin but ɗin motarta.

Da irin wannan zuciya ka karɓi Dogo, abokin sana'arka, lokacin da aka rushe rumfarsa ya rasa inda zai ajiye ko jak. Ka raba garejinka biyu ka ba shi rabi, ka ba shi mukulli, ka tura masa masu motocin da suka saba da kai. 'Ya'yanka baffa suke ce masa. Abu ɗaya ka roƙe shi, kada bututu ya sake hawa kan sifana a inuwarka. Ya ce ya ji. In ka ba da baya sai ya ƙyafta mana ido, ya ce ƙarfin damtse ya fi lamba.

Mai-awo, ga abin da ya sa na ɗauki alƙalami. A zaman makokinka, gaban jama'a, wani dattijo ya tambayi yadda abin ya faru. Dogo ya share hawaye ya ce, "Wallahi shi ya ɗaure da hannunsa. Kun san tsufa, mantuwa ta fara kama shi." Mutane suka girgiza kai. Kafin la'asar magana ta zagaye tasha, wai mai wa'azin noti ga shi noti ya ci shi. Har da masu murmushi.

Ni kuwa ina garejin ranar Litinin. Hannunka na dama a naɗe yake da bandeji, ruwan lagireto ya ƙona ka, ko kofin shayi da hagu ka riƙe. Da kunnena na ji ka ce, "Dogo, taimaka ka canza min tayar gaba. Mai awon tana cikin akwatinta, na saita ta." Ya ce, "An gama, Yaya." Muka tafi sayo kayan gyara ni da kai. Da muka dawo ka tambaye shi ko da ita ya ɗaure, ya dube ka ido cikin ido ya ce da ita. Kai da ka taɓa bin mota a kan babur saboda noti ɗaya, ba ka sake dubawa ba, don ba ka so ya ga kamar ba ka yarda da shi ba.

Na je inda aka ja motar aka ajiye. Ƙusoshin tayar ba kwancewa suka yi ba, tsinkewa suka yi, kowace ta sirance a wuya kamar alewar da aka ja. Mai mantuwa sako-sako yake barin noti. Wannan aikin wanda ya hau bututu ne.

Na san kwana ne ya ƙare, kuma ban ce Dogo ya nufe ka da mutuwa ba. Ganganci ya yi irin wanda ya saba, da ya zo ya faɗi haka da mun yi kuka tare. Abin da ya ƙona min rai shi ne ya ɗauki laifinsa ya ɗora wa mutumin da ke kwance a ƙasa, wanda ba shi da bakin musu. Na tare shi a bayan gareji, ya kama hannuna yana cewa in rufa masa asiri, yana da iyali. Kai ma kana da iyali. Babban ɗanka ya same ni bayan an watse, kansa a ƙasa, ya ce, "Baffa, da gaske Baba ne ya yi sakaci?" Gida da sifana da suna, su ke nan ka bar musu, kuma sunan ake neman ƙwacewa.

Don haka na rubuta, duk wanda ya ji waccan magana ya ji wannan.

Allah Ya jiƙan ka, Ya yafe maka kurakuranka, Ya haskaka kabarinka. Rayukan da suka isa gida lafiya ta dalilin hannunka, Allah Ya sa su a mizaninka. Ina miƙa ta'aziyya ga mahaifiyarka, da maiɗakinka, da 'ya'yanka, da ƙannenka, da direbobin da yanzu ba su san inda za su kai motocinsu ba. Allah Ya ba mu haƙurin rashinka.

Kai kuma Dogo, kai ma ka yi rashi, ka ma fi mu, domin ba za ka sake samun mai yarda da kai haka ba. Amma taka ta'aziyyar na riƙe ta a wurina. Ranar da ka je ka durƙusa gaban matarsa da 'ya'yansa ka faɗa musu wanda ya ɗaure tayar nan, ni zan fara miƙo maka hannu.