Ramin Bayan Dandamali

Shekarun baya can, tun zamanin En'e, lokacin da gashin kaina yake baƙi wuluk kuma nake ganin babu abin da zai gagare ni a duniya, na taɓa gina wurin wasan kwaikwayo a Azare. Ku daina murmushi, da gaske nake. Da hannuna na gina shi, ni da abokina da ɗalibanmu, kuma har yau in na tuna sai in ji jinina ya motsa.

A lokacin ban daɗe da dawowa daga horon malanta a Bauchi ba, aka ba ni aji a wata makarantar elemantare da ke bakin gari. A can Bauchi na fara ganin dandamalin wasa. An ɗaga katako sama, an rataya labule a gaba, ana ja sai ka ga ɗan ajinku ya zama alƙali, wani ya zama ɓarawo. Ranar kasa cin abinci na yi don murna. Na dawo gida abin yana raina kamar ƙaiƙayi. Na dami shugaban makarantarmu safe da yamma, har ya gaji ya ce in je in yi, amma kada in tambaye shi katako ko ƙusa, don babu.

Na ce ba komai, ai muna da ƙasa.

Sai dai ba son wasa kaɗai ke tura ni ba. Mahaifina marini ne, shuni ya kama hannayensa har gwiwar hannu, ko da sabulun duniya ba ya fita. Tun ranar da mai unguwa ya zo ya sa aka kai ni boko, mahaifina bai taɓa taka harabar makaranta ba. Bai zage ni ba, bai hana ni ba, amma bai taɓa tambayata abin da nake yi a can ba. In na durƙusa na gaishe shi sai ya ce, "Malam, an tashi lafiya?" da wata irin murya da ban san ko girmamawa ce ko zolaya ba. Abin yana ci mini rai ƙwarai. Ina son ya zo ko sau ɗaya ya ga aikina da idonsa. Mahaifiyata ce ta yi ta lallaɓa shi, yau da kunun gyaɗa, gobe da magana mai daɗi, har wata rana ta kira ni ɗaki ta ce, "Ya ce zai leƙa. Amma ka san halinsa, in ya juya sau ɗaya ba ya sake dawowa."

Ni kuwa sai na ji kamar an naɗa ni sarauta.

Abokina malami ne shi ma, mutumin Chinade, siriri, ga baki. Shi na fara janyowa. Muka zagaya makarantar muna neman ƙasar gini, don kun san ƙasar Azare rairayi ta fi yawa. Muka samu mai yauƙi a bayan ajujuwa, kusa da wata tsamiya. Abokina ya ce tunda ga ƙasar nan, a gina abin a bakin wurin, kada mu kashe yara da jigila. Wannan ita ce shawarar kirki ta farko da na taɓa ji daga bakinsa, kuma na gaya masa haka.

Bayan an gama girbi muka fara. Kullum in an tashi daga karatu sai a fito da diga da shebur da kwanduna. Wasu na haƙa, wasu na jido ruwa daga rijiya, wasu na cuɗa ƙasa da ciyawa da ƙafafunsu suna waƙa. Ni ina tsaye da igiya da turaku ina awo, ina ba da umarni kamar wanda ya gina rabin Kano. Muka yi tubali, muka shanya, muka jera, muka cika ciki da ƙasa, aka yi daɓe a sama. Kai, ranar da aka yi yaɓen ƙarshe aka shafa makuba, dandamalin nan ya tsaya yana ƙyalli, tsayinsa ya kai ƙuguna, faɗinsa ya isa a shimfiɗa tabarmi da yawa. Na hau na sauka, na sake hawa. Abokina ya ce, "Malam, ka bari ya huta, ba amarya ba ce."

A bayansa kuwa ga ƙaton rami inda muka kwashe ƙasar. Ban ko kalle shi ba. Na ce in an gama sai a kewaye shi da zana kada ya ɓata mana kyan wuri.

Wasan ma mun shirya shi. Labarin wani malalacin manomi ne da ciwo ke kama shi duk lokacin noma, ya warke garau ranar da aka sauke tuwo, har matarsa ta gaji ta kira masa wanzami da ƙaho. Yaran sun iya shi har ni da na rubuta nakan yi dariya.

Saura 'yan kwanaki a yi wasan, da la'asar sakaliya, ina kan dandamali ina gwada inda za a kafa sandunan labule, sai na hango mutum tafe da baƙin rawani. Mahaifina ne. Na diro ƙasa na durƙusa.

Ya amsa gaisuwa, ya zagaya ginin a hankali, ya ƙwanƙwasa shi da sandarsa. Ya ce, "Ya yi ƙarfi." Zuciyata ta yi fari tas. Sannan ya ce, "To, mu a ina za mu zauna?"

Na nuna masa filin gaba da sauri. "A nan, Baba. Za a shimfiɗa muku tabarmi, ku da liman da mai unguwa, ku ne a sahun farko."

"Yaran fa?"

"Su suna sama."

Ya dubi dandamalin, ya dubi ƙasa, ya ɗaga sandarsa ya auna daga bakin ginin zuwa inda kan mutum zai kai in yana zaune. Ya ce, "Wato ƙafafun yara a saitin rawanin liman ke nan. Ɗan da in ya gan ni a hanya yake cire takalmi ya durƙusa, shi zai tsaya a kaina yana tsalle." Bai ɗaga murya ba. Ya gyara rigarsa ya ce, "Allah ya ba da sa'a, Malam." Ya juya ya tafi.

Jama'a, jikina ya yi sanyi. Duk awon da na yi da igiya, wannan bai taɓa zuwa raina ba. A Bauchi ɗalibai ne ke kallon ɗalibai, a kan benci, ba wanda ya damu da wa ke sama da wa. Nan kuwa dattawan gari na gayyata, kuma na san in mahaifina bai zauna ba, liman ma ba zai zauna ba.

Washegari muka yi ta juya maganar da abokina. Na ce a ɗauko benci daga aji. Ya ce wane dattijo ne zai zauna a bencin yara da babbar riga, kuma ko sun zauna ai ƙafafun na saitin ƙirjinsu. Na ce to a rushe dandamalin a yi a fili. Ya ce in an yi haka na gaba kaɗai za su gani, na baya sai ƙeyar na gaba. Na hau ginin na zauna ta baya, na saki ƙafafuna a bakin ramin, kamar wanda aka yi wa rasuwa.

Abokina ya gaji da kallon fuskata. Ya sauka cikin ramin don ya ɗauko digar da aka bari, yana isa ƙasa sai shaƙiyancinsa ya motsa. Ya naɗa mayafinsa a ka, ya riƙe ƙotar diga kamar sanda, ya duƙa, ya fara takawa irin ta mahaifina. Ya ƙwanƙwasa bangon rami ya ce a hankali, "Ya yi ƙarfi." Sannan ya yar da digar ya zama ni, yana rawar jiki yana "A nan, Baba, a nan, Baba." Yaran da ke kusa suka taru a bakin ramin suna ƙyaƙyatawa. Ni ma ban san lokacin da dariya ta kuɓuce mini ba.

Ina cikin dariyar sai na tsaya cak. Ina ganinsa tun daga ka har ƙafa. Yaran da suka kewaye ramin, manya da ƙanana, kowa na ganinsa, ba mai leƙe ta kafaɗar wani. Kuma maganar da ya yi ƙasa-ƙasa, ba wadda ta wuce ni. Ga ni kuma a zaune a samansa, kamar yadda marina ke zama a bakin rijiyar rini suna duban ciki.

Na yi tsalle na miƙe. "Kada ka motsa! Sake faɗi, a hankali fiye da ɗazu!"

Ya ce, kamar mai raɗa, "Malam ya haukace."

Na ce, "Na ji ka! Wallahi na ji ka!"

Na diro cikin ramin na rungume shi har muka faɗi tare. Na ce masa dattawa za su hau dandamali, yara za su sauko rami. Ashe duk wahalar nan wurin zaman manya muka gina, wurin wasan kuwa yana bayanmu muna shirin rufe shi da zana.

'Yan kwanakin da suka rage ban san yadda suka wuce ba. Muka share gindin ramin muka yi masa daɓe. Muka sassare bangon muka fitar da matakai a kewaye, kowane da faɗin da mutum zai zauna ya miƙe ƙafa. Muka yi wa dandamalin matakala mai sauƙi ta gefe don masu ciwon gwiwa, aka kafa masa rumfa ta haɗu da inuwar tsamiya. Labule kuwa muka haƙura da shi, sai zana guda muka kafa a ƙasa inda 'yan wasa za su ɓuya. Wannan ya ɗan yi mini ciwo, don mahaifiyata ta riga ta ba ni zannuwanta biyu. Hannayena duk suka yi kanta, muryata ta dishe, amma ina tafe kamar ba na taka ƙasa.

Ban iya tunkarar mahaifina da kaina ba. Mahaifiyata na roƙa ta gaya masa an gyara. Ta dawo ta ce, "Na faɗa masa. Bai ce e ba, bai ce a'a ba."

Ranar wasa, bayan sallar la'asar, mutane suka yi ta ɓullowa ta kowace kusurwa. Matakan nan suka cika, wasu na tsaye a baya, har Fulanin da suka ci kasuwa suka tsaya da sandunansu a kafaɗa. Mai unguwa ya zo, liman ya zo, aka kama musu hannu suka hau suka zauna a tabarmi suna gyara riguna, da ka gan su ka san wurin ya yi musu. Ni kuwa idona na kan hanya. Abokina na ta zungurina a fara, ina cewa a ɗan jira. Sai da na fid da rai na ɗaga hannu aka buga ganga, sannan na ga baƙin rawani yana hawa matakala. Ya zauna can gefe, ya ɗora sandarsa a cinya.

Gaskiya ban kalli wasan ba, fuskarsa na yi ta kallo. Malalacin manomi ya kwanta yana nishi, mahaifina bai motsa ba. Aka sauke tuwo, mara lafiya ya miƙe zumbur, wurin ya kaure da dariya, shi ko gezau. Sai ga wanzami ya fito daga bayan zana da ƙahon bijimi guda, ƙato, yana wasa aska a tafin hannu. Manomin ya buɗe ido ɗaya, ya gan shi, ya zabura ya suri fartanya ya hau noman daɓe kamar ransa zai fita. Nan fa kafaɗun mahaifina suka fara rawa. Ya sa shuɗin hannunsa ya rufe baki, abin ya fi ƙarfinsa, ya saki dariya har da buga sanda a ƙasa. Tun da aka haife ni ban taɓa ganin dasashinsa ba sai ranar.

Da aka watse na hau dandamali ina naɗe tabarmi. Ina ɗagowa sai na gan shi yana sauka matakan ramin, ɗaya bayan ɗaya, har ya kai tsakiya. Ya tsaya inda yaran suka tsaya. Sai a lokacin na lura ina tsaye ƙiƙam a saman kansa. Na yi wuf zan diro.

Ya ɗaga hannu. "Tsaya nan inda kake. An ce ko raɗa aka yi a nan, ana ji a can."

Na ce, "Haka ne, Baba."

Ya sunkuyar da kai kamar mai duban daɓen, ya yi magana ƙasa-ƙasa, yadda ko wanda ke kusa da shi a fili ba zai ji ba. Ya ce, "Allah ya yi maka albarka, ɗana." Sannan ya ɗago. "Ka ji?"

Sai kai na gyaɗa.

Daminar da ta biyo baya ruwa ya cika ramin, kwaɗi suka karɓe shi, da rani muka sake gyarawa. Mun yi wasa a cikinsa shekaru, kuma mahaifina bai sake fashi ba, ko yaushe a gefen nan nasa. Yanzu an yi gine-gine a wurin, ko tsamiyar babu. Tun daga lokacin, in zan shirya wurin taro, kafin in auna komai nakan fara tambayar su wa za su zo, kuma ina kowa zai zauna. Na shiga manyan ɗakunan taro bayan nan, masu fitilu da lasifika, na ji muryoyi iri-iri. Amma har yau ba maganar da ta taɓa isowa kunnena sarai kamar waccan da ta fito daga gindin rami.