Baba Ɗan'auta, Wanda Ya Hana A Dake Ni

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Ranar Talata, 14 ga Janairu, 2025, ina shagona a Dawanau aka kira ni cewa Allah Ya yi wa Baba Ɗan'auta rasuwa, shugaban 'yan sintirin Unguwar Ɗinya da ke kusa da Bici.

Baba, haɗuwarmu ta farko ina ɗaure ne. Na je garinku sayen wake a shekarar da satar mutane ta sa kowane baƙo ya zama abin zargi. Garin ba sabis sai kan wani suri a bayan gari, can nake hawa da la'asar in kira matata Sauda. Samarinka suka ce rahoto nake kai wa ɓarayin daji. Munir, mataimakinka, har ya ɗaga gora sai ga ka a tsohon kekenka, kana haki.

Ka ce, "Rayuka muka fito tsarewa, wannan ma rai ne. A kwance shi."

Ba wai ka yarda da ni ba ne. Ka sa na kira lambar da nake kira kullum a gaban jama'a, Sauda ta ɗauka da faɗan ban aika maganin yarinya ba, wurin ya kaure da dariya. Duk da haka sai da ka kai ni wajen 'yan sanda suka bincika, ka kuma gindaya mini sharaɗin in riƙa sanar da mai unguwa duk zuwana. Daga baya zaurenka ya zama masaukina, kana ba ni fura kana tsokanata wai mudun 'yan Dawanau ƙaton ciki gare shi.

Ka sha zagi a kan wannan hali. Wasu sun ce ranar da ka saki mugu, gari ne zai ɗanɗana. Ba ka taɓa hana su faɗa a taro ba, ba ka kuma fasa sintiri ba.

Tun a makabarta nake fargabar wa zai iso idan aka sake ɗaure wani. Ranar addu'ar bakwai aka kama wani baƙo a gonakin gabas. Munir bai zo wurin addu'ar ba sai da aka kusa shafawa, domin shi ya goya mutumin a babur zuwa wajen 'yan sanda. Ya zauna kusa da ni ya ce, "Ban bari an taɓa shi ba." Sai kuka ya ƙwace masa, ni ma na taya shi.

Allah Ya jiƙanka, Baba, Ya yi maka sauƙin hisabi, Ya sa Aljanna ce makomarka. Inna Luba matar Baba da yara da mutanen Unguwar Ɗinya, Allah Ya ba mu haƙurin rashinsa.